DJ Screw da jinkirta murya: nazari bisa aikin wani mai haɗa kiɗan rap na Hiyuston

1. Gabatarwa

Wannan ƴar maƙala ta samo asali daga wata tambaya da wani ɗalibi ya yi mana a darasin ilimin furuci. Ya kunna wata waƙar rap ta Amurka cikin wayarsa. Muryar mawaƙin tana can ƙasa, kalmomi suna fitowa da nauyi kamar guga daga rijiya mai zurfi, wasu kuma suna maimaita kansu sau biyu ko uku kafin magana ta wuce. Sai ya ce: "Malam, wannan wane karin harshe ne na Ingilishi?" Nan take muka amsa masa cewa babu wani karin harshe a nan, na'ura ce aka sa ta rage gudun waƙar. Daga baya, da muka koma muka saurari irin waɗannan waƙoƙi cikin natsuwa, sai muka ga amsar tamu gaskiya ce, amma rabi. Sauran rabin shi ne za mu yi ƙoƙarin kawowa a nan.

Sunan wannan salo da Ingilishi shi ne chopped and screwed. Kalmar farko tana nufin sarawa gunduwa-gunduwa. Ta biyu kuwa daga laƙabin mutum aka ciro ta, wato Robert Earl Davis Jr., wanda aka fi sani da DJ Screw, mutumin birnin Hiyuston da ke jihar Teksas, wanda ya rasu a shekara ta 2000 yana da shekara 29. Masu tarihin rap suna sa shi cikin masu haɗa kiɗa na yanki, wato waɗanda sunansu ya cika garinsu da kewaye amma bai kai ga manyan kamfanonin Niyok da Los Anjeles ba a zamanin rayuwarsu. Ra'ayin da za mu kare shi ne cewa magana ce kayan aikin Screw na ainihi, tun kafin kiɗa. Ya ɗauki waƙoƙin wasu garuruwa ya sa su tafiya da takun unguwarsu, sannan ya ba mutanen unguwar filin da za su ji muryarsu. Da wannan ma'auni ne ya kamata a auna shi, kuma da shi za mu duba zancen maganin tari da ya liƙe wa sunansa.

2. Mutumin da garinsa

An haife shi ran 20 ga Yuli 1971. Ya yi ƙuruciyarsa a Smithville, wani ƙaramin gari kusa da Austin, wajen mahaifiyarsa, wadda take da tarin faya-fayan garmaho. Bisa waɗannan faya-fayan ya fara koyon hannu, musamman bayan ya ga fim ɗin Breakin' na 1984. Laƙabin nasa ma daga nan ya fito: in faifai bai yi masa ba, yakan ɗauki ƙusa mai murɗi, wato sukuru, ya karce shi, har wani abokin tasowarsa da ake kira Shorty Mac ya yi masa ba'a da sunan, sunan kuma ya bi shi. Yana saurayi ya koma Hiyuston wajen mahaifinsa, direban babbar mota, a kudancin birnin. Bai kammala makarantar sakandare ba.

Hiyuston shi ne birni na huɗu a yawan jama'a cikin Amurka, gari ne shimfiɗaɗɗe, mai zafi da gumi, wanda ba a zirga-zirga cikinsa sai da mota. Ba za a fahimci kaset ɗin Screw ba in an manta da wannan. Samarin baƙar fata na kudancin birnin suna da al'adar gyara tsofaffin manyan motoci irin su Cadillac, a yi musu fenti mai sheƙi, a sa musu ƙafafu masu tsinin ƙarfe da ke leƙowa waje, a cika bayansu da lasifika, a riƙa tafiya sannu-sannu ana karkaɗa motar dama da hagu. Cikin irin wannan mota aka fi sauraren kaset ɗin, kuma dominta aka auna nauyinsa. Garin ba baƙo ba ne ga rap kafin Screw, domin kamfanin Rap-A-Lot da ƙungiyar Geto Boys sun riga sun fitar da sunansa, musamman a 1991. Haka kuma ba shi ne farkon wanda ya rage gudun faifai a Hiyuston ba. Wani mai juya faifai da ake kira Darryl Scott ya riga shi tun shekarun 1980, inda yakan kunna faifan da aka yi don juyi 45 a minti bisa juyi 33 da sulusi. Abin da ya zama wasa na lokaci-lokaci a hannun wasu, shi Screw ya mai da shi doka ta kowane kaset.

Daga farkon shekarun 1990 ya fara yi wa abokai kaset a ɗakinsa. Mutum ya kawo jerin waƙoƙin da yake so, Screw ya haɗa masa su. Kafin tsakiyar shekarun abin ya zama kasuwa. Kaset ɗin Maxell ne mai ruwan toka, mai minti 100, ana sayar da shi dalar Amurka 10 (ba dalarmu ta nan ba). Da yamma motoci sukan yi layi a ƙofar gidansa, har ƴan sanda suka zaci ƙwaya ake sayarwa. A 1998 ya buɗe kanti bisa titin Cullen mai suna Screwed Up Records & Tapes. Kaset ɗin da ya bari sun haura 300, waɗanda daga baya aka sake fitarwa aka ba kowane lamba kamar babin littafi. Bayan su akwai ƴan faya-fayan da ya yi da ƙaramin kamfanin Bigtyme, wanda ya fi shahara cikinsu shi ne 3 'n the Mornin' kashi na biyu, na 1996.

3. Yadda aikin yake

Akwai aiki iri biyu da sunan salon ya haɗa, kuma ya kamata a raba su.

Na farko shi ne sara. Screw yakan sa kwafi biyu na faifai guda bisa na'urorin juya faifai biyu, ɗaya yana bayan ɗaya da bugu guda. Tsakanin na'urorin akwai ɗan makunni mai zamewa wanda yake zaɓar wadda za a ji. In ya tura shi daga ta gaba zuwa ta baya, kalmar da aka riga aka ji sai ta sake dawowa. Wani lokaci kuma yakan ja faifan baya da hannu ya maimaita jimla sukutum sau uku ko huɗu. Duk wannan da hannu ake yin sa, kai tsaye, kaset yana ɗauka, ba a komawa a goge kuskure.

Na biyu shi ne jinkirtawa. Bayan an gama ɗauka, da kiɗan da muryoyin waɗanda suka yi magana a makirfo, sai ya kwafe aikin zuwa wani kaset yana rage gudun na'urar da makunninta. Sakamakon yakan faɗa tsakanin bugu 60 zuwa 70 a minti, alhali yawancin rap na wancan zamani ya haura 90. A lura da kyau: waɗanda suka yi waƙa a ɗakin Screw ba da wannan murya mai nauyi suka yi ta ba. Da muryarsu ta kullum suka yi, sai dai sun san abin da za ta zama.

Ga mai nazarin harshe, sara ta fi saurin jan hankali, domin tana kama da ninki. Bahaushe ya san cewa maimaita sashen kalma yana sake ma'ana: kira da kirkira, buga da bubbuga, ba abu guda ba ne. Ingilishi ba ya da irin wannan a nahawunsa sai kaɗan. Screw ya shigo da shi daga waje, da hannu. Kuma ba kowace kalma yake sarawa ba. Wanda ya saurari kaset biyu ko uku zai ga cewa jimlolin da yake dawowa da su galibi na kashedi ne, ko na rashin wani, ko na yarda da rashin yarda tsakanin abokai. Mawaƙin ya faɗi abin sau ɗaya ya wuce, Screw ya ce a'a, dawo, ba su ji ba. Wannan sharhi ne bisa matanin wani, irin na malamin da yake jan baƙi ya tsaya bisa kalma guda, sai dai shi bai ƙara ko harafi nasa ba. A ganinmu nan ne gwanintarsa ta fi fitowa, nan ne kuma masu kwaikwayonsa suka fi kasawa, domin da yawansu suna sara ne inda bugun ganga ya faɗa, ba tare da kula da abin da ake faɗi ba.

4. Abin da jinkirtawa take yi wa murya

Duk wanda ya tashi a ƙauye a shekarun 1990 ya san muryar rikoda idan batir ya yi sanyi: mawaƙi ya zama kamar wanda barci ya ci ƙarfinsa, zabiya ta koma namiji. Mu kan ce rikoda ta gaji, mu cire batir mu shanya a rana. Wannan lahani shi ne Screw ya mai da shi sana'a, don haka ya dace mu faɗi dalla-dalla abin da yake faruwa.

Idan an rage gudun kaset, lokaci da amo suna sakewa tare, bisa kaso guda. Mu ɗauki misalin ragin kashi 20 cikin ɗari don sauƙin lissafi. Namiji wanda tantanin maƙwallatonsa yake kaɗawa sau 120 a sakan zai koma 96. Wasalin da ya ɗauki milisakan 100 zai ɗauki 125. Abin da ba a cika lura da shi ba shi ne na uku: amon da kogon baki da na maƙogwaro suke ƙarfafawa, wanda ake kira formants da Faransanci, shi ma yana sauka. Na farko na wasalin [a], wanda yake wajen 700 ga namiji, zai koma wajen 560. Da waɗannan ne kunne yake kintata girman mai magana. Hanyar murya ta babban namiji, daga maƙwallato zuwa leɓe, tana kai wajen santimita 17. Muryar da aka rage haka ta yi daidai da ta mutumin da tasa ta haura santimita 21. Wato kaset ɗin yana jiyar da mu wani ƙato da babu shi a duniya. Yaro ɗan shekara 18 ya shiga ɗakin Screw da siririyar murya, washegari ya ji kansa daga bayan mota kamar basamude. Ba ƙaramin abu ba ne wannan ga saurayin da garin bai san da zamansa ba.

Amma me ya sa maganar ba ta lalacewa? Saboda bambance-bambancen da harshe ya dogara da su na dangantaka ne tsakanin sassa, kuma ragin yana kiyaye dangantakar. Hausa ta fi Ingilishi saurin nuna wannan. In an jinkirta kaset na Hausa, wuya ta jiki da wuya ta wahala ba za su cakuɗe ba, domin karin sama yana nan sama da karin ƙasa ko da duka biyun sun sauka. Haka gari na mutane da gari na tuwo: gajeren wasali ya ƙara tsawo, amma dogon ya ƙara fiye da shi a lissafin milisakan, rabonsu yana nan yadda yake. Ɗalibanmu za su iya gwada wannan da kowace kwamfuta cikin minti biyar.

Sai dai akwai bambanci tsakanin wannan da mutumin da ya sassauta maganarsa da kansa. Mai magana a hankali yana jan wasula ne da tsaiko tsakanin kalmomi. Fashewar tsayau kamar [t] ko [k] kusan ba ta sakewa, muryarsa kuma ba ta zama ta wani ba. Kaset ba ya zaɓe, kome da kome yake ja, har da numfashi da ƙarar leɓe da dariyar wanda yake bayan ɗaki. Shi ya sa ake jin abubuwan da ba a ji a gudun asali, shi ya sa kuma babu maƙogwaron da zai iya kwaikwayon wannan murya daidai.

Yanzu mu koma ga tambayar ɗalibinmu. Ingilishin kudancin Amurka, na farare da na baƙaƙe, an san shi da jan wasali. Sanannen misali shi ne tagwan wasali [ai] na kalmomi kamar ride da time, wanda yake komawa dogon [a:] guda. Mutanen arewacin ƙasar sun daɗe suna ɗaukar wannan ja a matsayin alamar ƙauyanci da rashin kaifin basira, kuma rap ɗin Niyok, wanda yake alfahari da saurin harshe da cunkoson gaɓoɓi, ya gaji wannan raini. An ga haka a fili a 1995, lokacin da ƴan kallo a Niyok suka yi wa ƙungiyar OutKast ta Atlanta ihu a bikin ba da kyauta na mujallar The Source. To, Screw ya ɗauki daidai abin da ake yi musu gori da shi ya ninka shi. Bai tsaya ga mutanen garinsu ba. Waƙoƙin Kalifoniya, waɗanda yake so ƙwarai, da na Niyok, da waƙoƙin soyayya na rediyo, duk ya bi da su ta wannan ƙofa, suka fito suna jan magana kamar ƴan kudancin Hiyuston. Na'ura ba ta mai da [ai] zuwa [a:], wannan gaskiya ne, amma tana ba kowane baki takun da kunne yake dangantawa da kudu. Ke nan ɗalibin bai yi kuskure duka ba da ya ji karin harshe.

5. Kaset na wa?

Masu yi wa Screw kallon raini suna da hujja mai ƙarfi. Bai tsara kiɗan da yake bisa yawancin kaset ɗinsa ba, bai rubuta waƙoƙin ba, bai kuma nemi izinin masu su ba. In mai haɗa kiɗa shi ne wanda yake ƙirƙiro bugu daga babu, kamar yadda Mannie Fresh ya yi a New Orleans ko Pimp C a Port Arthur, to sunan bai zauna wa Screw daidai ba. Mun yarda da wannan. Abin da muke cewa shi ne tambayar an ɗauko ta daga adabin rubutu, inda ake neman mawallafi guda da matani guda, aka ɗora ta bisa abin da ya fi kusa da adabin baka.

Ga yadda kaset yake haihuwa. Mutum yana da dalili: ranar haihuwarsa, ko ɗan'uwansa ya fito daga kurkuku, ko an kashe abokinsa. Ya biya a yi masa kaset. Ya zo da abokansa da dare. Tun farko Screw ne yake ambaton sunayensu a makirfo. Daga baya ya fara miƙa musu makirfon su gai da unguwarsu da kansu. Daga gaisuwa aka shiga waƙa nan take, ba rubutu. Daga wannan ɗaki ne ƙungiyar da ake kira Screwed Up Click ta fito: Fat Pat da wansa Big Hawk, Lil' Keke, E.S.G., Big Moe, Big Pokey, Z-Ro da sauransu. Da yawansu ba su taɓa shiga ɗakin ɗaukar waƙa ba kafin nan. Mai karatu zai tuna da roƙo, inda ake biya don a ji suna a bainar jama'a, kuma kamar tana nan. Amma tana da iyaka: maroƙi yana yabon wanda ya biya shi, a nan kuwa wanda ya biya shi ne yake karɓar makirfo ya yi wa kansa kirari. Ya fi kusa da ɗan dambe a fage, Screw kuma shi ne mai kalangun da ya san lokacin da zai ɗaga shi da lokacin da zai bar shi ya numfasa.

Misali mafi shahara shi ne kaset ɗin da aka sani da June 27th, wanda aka ɗauka a 1996 don ranar haihuwar wani ɗan ƙungiyar mai laƙabi DeMo. A cikinsa akwai waƙar nan take ta fiye da minti 30 bisa kiɗa guda, wanda aka ciro daga wani faifan Kris Kross na Atlanta. Mutum bakwai ko takwas suna karɓar juna, Big Moe yana rera ƴar waƙa tsakaninsu yana gabatar da mai zuwa, aikin da yake tsakanin na sanƙira da na ɗan amshi. Har yau ranar 27 ga Yuni rana ce da ake tunawa a Hiyuston saboda wannan kaset. Kiɗan na Kris Kross ne bisa takarda, amma kusan ba wanda yake tuna shi da sunansu.

In an rubuta kalmomin wannan waƙa bisa takarda za a ji kunya kaɗan. Mota, fenti, zinariya, sunan titi, sanarwar cewa ga ni na iso, a sake dawowa kan mota. Mata ba su da murya a ciki sai a matsayin abin ambato. Akwai baitocin da babu abin da yake riƙe da su sai neman amsa-amo. Ba za mu ɓoye wannan ba, kuma masu cewa kowane kaset na Screw gwaninta ce ba su saurari da yawa ba. Akwai masu gundura sosai. Amma wanda ya karanta aikin Milman Parry da Albert Lord bisa mawaƙan baka na Yugoslaviya ya san cewa mai waƙa nan take ba ya rayuwa sai da shiryayyun guntaye da yake cike ma'auni da su yayin da yake neman abin da zai faɗa a gaba. Maimaicin da yake aibi a rubuce shi ne tsani a baka. Abin dubawa shi ne wa ya hau tsanin ya kai wani wuri. Big Pokey da Fat Pat sukan kai. Wasu suna tsaye bisa matakin farko har makirfo ya bar hannunsu.

Wannan ne kuma ya sa muke ganin faya-fayansa na kamfani, duk da tsabtar ɗaukarsu, ba su kai kaset ɗin gida ba. An rage hira, an rage gaisuwa, an rage wanda ya yi tuntuɓe ya yi dariya ya sake farawa, alhali su ne suke nuna cewa ɗaki ne da mutane a cikinsa.

6. Zancen maganin tari

Ran 16 ga Nuwamba 2000 aka tarar da gawar Screw a wurin aikinsa. Binciken likitoci ya nuna kodin fiye da kima a jininsa, haɗe da wasu ƙwayoyi. Abin shan da ake kira lean ko syrup a Hiyuston maganin tari ne mai kodin da furometazin, ana zuba shi cikin lemun kwalba. Mai karatu na Maraɗi ko Damagaram ba ya bukatar dogon bayani, tun da maƙwabciyarmu Najeriya sai da ta hana yin maganin tari mai kodin da shigo da shi a watan Mayu 2018 saboda ɓarnar da ya yi wa samari, musamman a arewa.

Daga wannan mutuwa ne wani bayani mai sauƙi ya bazu a jaridu: kiɗan yana da jinkiri ne domin masu yin sa da masu jin sa sun sha abin da yake jinkirta jiki. Bayanin yana da kama da gaskiya, shi ya sa yake da haɗari. Screw da bakinsa ya musa cewa sai an bugu ake jin kaset ɗinsa. Ya ce yana rage gudu ne don a ji abin da mawaƙi yake faɗi. Tarihin ma bai goyi bayan jaridun ba, tun da rage gudun faifai ya riga shaharar wannan abin sha cikin waƙa, kuma dubban da suka sayi kaset ɗin, har da waɗanda ba su taɓa kurɓar kome ba, mota da unguwa ne suka haɗa su. Bayanin yana kuma kwashe hikima daga hannun mutum ya ba kwalba, abin da aka saba yi wa mawaƙan baƙar fata tun zamanin jaz.

Amma masoyansa da suke son a share zancen gaba ɗaya su ma ba su kyauta ba. Maganin yana cikin kaset ɗin, ana ambatonsa, ana yabonsa. Big Moe ya sa wa faifansa na 2000 suna City of Syrup. Shi ma ya rasu a 2007 yana da shekara 33, bayan bugun zuciya. A ƙarshen shekarar Pimp C ya bi, kuma an sami wannan magani cikin dalilan mutuwarsa. In aka ƙara da Fat Pat da aka harbe a 1998 da Big Hawk da aka harbe a 2006, sai a ga cewa mai sauraren waɗannan kaset a yau yana zaune ne cikin taron da da yawa daga manyan muryoyinsa suna kabari. Maganin bai haifi salon ba, amma salon ya yi masa talla, har ya kai shi garuruwan da ba su san Screw ba.

7. Bayansa

Shahara ta zo bayan mai ita. A arewacin Hiyuston, wanda yake da tsohuwar gaba da kudu, Michael Watts da OG Ron C sun kafa Swishahouse a ƙarshen shekarun 1990 bisa wannan salo, kuma ta hannunsu ne Mike Jones da Paul Wall da Slim Thug suka cika Amurka a 2004 da 2005. Manyan kamfanoni suka fara fitar da faifai biyu, na asali da jinkirtacce. A$AP Rocky na Niyok ya ɗauki muryar a 2011, wato garin da ya yi gori ya dawo aro. Fim ɗin Moonlight na 2016 ya yi amfani da dabarar har bisa kiɗan goge na Turai, Travis Scott kuma ya sa waƙar ta'aziyyar Screw cikin faifansa na 2018. Yau kowane yaro yana iya jinkirta waƙa da wayarsa. Dabarar ta yi tafiya, ɗakin da mutanensa ba su bi ta ba.

Jami'ar Hiyuston ta karɓi faya-fayansa wajen 1,500 ta ajiye a laburarenta, ta kuma yi taro da baje koli bisa aikinsa a 2012. Lance Scott Walker ya fitar da tarihin rayuwarsa a 2022, wanda ya gina bisa hira da waɗanda suka zauna da shi. Abin da ya rage wa masu irin aikinmu shi ne kaset ɗin kansu. Ɗaruruwan sa'o'i ne na maganar samarin unguwa guda cikin shekara goma, ba mai bincike a tsakaninsu, ba takardar tambayoyi, irin taskar da masu nazarin karin harshe suke mafarki. Matsalar ita ce duk awon da za a yi na wasali ko na kari zai fito a karkace sai an mai da muryar gudunta na asali, kuma da hannu Screw yake murɗa makunnin, don haka kason ragin ba ɗaya ba ne daga kaset zuwa kaset. Hanya mafi kusa ita ce a gwada kiɗan da yake ƙarƙashin muryar da faifan da aka ciro shi, misali na June 27th da na Kris Kross, a fitar da kason. Sai dai a yi hattara: in ya riga ya rage gudun faifan bisa na'urar juyawa kafin a fara ɗauka, to kiɗan ya sha ragi biyu, murya kuwa ɗaya, kuma wanda ya gyara su da kaso guda zai ba Big Moe muryar da ta fi tasa sama.